Akwatin Cikin Jeren Amarya

Shagon na maigidana ne. Yana bayan tashar Kawo, a layin masu gyaran waya da masu sayar da caja, kuma shi yake sayar da ƙananan baƙaƙen akwatunan nan da ake jona wa talabijin a yi kallo ta intanet. Amma in ana maganar abin da ke cikin akwatin, to nan fagena ne. Ba cika baki ba, shi kansa in an kawo masa tambayar da ta fi ƙarfinsa sai ya ce a jira Hajiya ta zo, ni kuwa ko filin jirgi ban taɓa takawa ba.

Yadda na shiga sana'ar ba dogon labari ba ne. Maza ke sayen akwatin, mata da yara ke yini da shi. Ran da ya sami matsala, maigida zai zaro shi ya kawo shago ya ce ba ya yi. A tambaye shi mene ne ba ya yi, sai ya yi tsuru-tsuru, don rabonsa da rimot tun ranar da ya saya. Gidajen kuma yawancinsu ba a shiga, namiji iyakarsa zaure. Da na ga haka sai na ce wa maigidana ya koya mini, ni in riƙa shiga. Ya koya mini abin da ya sani, na ƙara da nawa binciken, kafin a jima na wuce shi, kuma na gaya masa ido da ido. Na zaga Kawo da Unguwar Kanawa da hijabina da 'yar jakata har matan suka daina tambayar sunana, sai dai a ce ga mai akwati ta zo.

Ga wanda bai san abin ba, manhajar kallon da ke cikin akwatin ita kaɗai fanko ce. Sai an ɗora mata wasu ƙananan manhajoji, kowace da aikinta: wannan ta kawo fina-finai, wannan wa'azi da karatu, wannan zanen da yara suke so, wannan ƙwallo. Su kuma ƙananan ana ɗebo su ne daga wasu ma'ajiyoyi a intanet, waɗanda 'yan layinmu suke kira rifo, ni kuma nake ce musu rumbu. Wasu bayin Allah ne da ba mu sani ba suka gina rumbunan, a ƙasashen da ba mu taɓa zuwa ba, akasari don sha'awa kawai. Saboda haka babu wanda za ka kama wa riga. Yau rumbu yana nan, gobe mai shi ya gaji ya rufe. Ko kuma ya sabunta manhajar, akwatinka ya jawo sabuwar da kansa ba tare da ya yi maka sallama ba, ka zo ka tarar abin da kake so a cikinta an cire shi.

Wannan ya sa na kafa wa kaina doka. Duk abin da na ɗebo daga rumbun wani, sai na ajiye kwafinsa a wurina. In sabo ya fito ba na zubar da tsohon, sai in jera su gefe da gefe a cikin faifan ajiya mai faɗin tafin hannu da ke jone da kwamfutar shago. Sababbin da nake aiki da su yau da gobe kuma suna cikin ɗan filas, ƙaramin ma'ajin nan da ake soka wa kwamfuta, a jakata. Maigidana ya sha yi mini tsiya, wai na gaji kakarsa da ba ta yar da gwangwanin madara. Na ce masa ai kakar tasa ba ta taɓa zuwa aron gwangwani gidan kowa ba.

A cikin wannan yawon na san Inna. Ɗanta direba ne, mutumin Zamfara, yana lodi a tashar Kawo, abokin hirar maigidana. Ya kama haya a Unguwar Kanawa shi da matarsa da 'ya'yansu. Da garinsu ya zama sai barci da ido ɗaya, hanyar ma ba a binta sai da addu'a, ya je ya ɗauko mahaifiyarsa. Ba da son ranta ta zo ba. Ya sayi akwati ne don ta rage kaɗaici, aka kira ni in shirya mata.

Na same ta zaune a bakin gado, doguwar tsohuwa, siririya, carbi a hannu. Na nuna mata fina-finai, ta kalla kaɗan ta ce waɗannan mutane ba su da aikin yi ne? Na nuna mata wa'azi, ta ce madalla, amma malamin yana sauri. Har na fara tattara kayana sai ta tambaye ni ko wannan abin yana kama rediyon gida. Wata ƙaramar tasha take nufi ta can jiharsu, wadda rediyon hannu ba ya jawo ta daga Kaduna ko an ɗaura masa waya har saman kwano. Na ce ta ba ni lokaci.

Na sha wuya kafin na same ta. A waya duk hanyar da na bi matacciya ce. Daga ƙarshe a wani ɗan rumbu da ba kowa ya san shi ba na ci karo da wata manhaja da ta tattara ƙananan tashoshin rediyo, wani mai haƙuri ya bi su ɗaya bayan ɗaya ya zuba adireshinsu a cikinta. Ranar da na ɗora ta muryar mai gabatarwa ta fito da harshen can, Inna ta sa hannu ta rufe baki. Ni kuwa daɗi ya kama ni har na rasa inda zan sa kaina.

Ba waƙa take nema ba, ba labarun duniya ba. Sanarwa take jira, wadda ake karantawa bayan la'asar: an haifu a gidan wane, za a ɗaura auren wance, wane ya riga mu gidan gaskiya. In lokacin ya yi jikokin sun san ba a motsi. Kowane suna aka kira sai ta bi shi da baki, ɗan wane ne, jikan wance, gidansu na bayan marina. In mamacin ya shafe ta, ko da ta nesa ne, da yamma za ta kira ɗanta ta ba shi goro da saƙon ta'aziyya, shi kuma ya ba direbobin da ke yin can. Ya taɓa gaya wa maigidana cewa rabin mutanen da ake aika shi gaisuwarsu bai taɓa jin sunansu ba. Ita kuwa ta ce da ni abin da waya ba ta yi ke nan. Waya na kusa kawai take faɗa maka, shi ma in akwai sabis, alhali zumunci ya fi haka faɗi.

Tun daga nan maganar komawa ta kwanta. Ta yi ƙawaye cikin matan Zamfara da ke unguwar, wasu ma sukan zo sauraron sanarwar tare da ita. Ni kuma ina leƙa ta jifa-jifa. Da na lura mai manhajar ya fitar da sabuwa ya kwashe ƙananan tashoshin duka, ya bar manyan da kowa yake da su, sai na yi maza na je na rufe wa akwatinta ƙofar sabuntawa. Tata ta ci gaba da aiki, ba ta ma san an yi ba. Irin wannan aikin ne na fi alfahari da shi, wanda mai abin ba ya ma sanin an tare masa wani abu.

Sai damina ta shigo da ƙarfinta. Wata rana da rana tsaka aka yi tsawa guda ɗaya, ta bi waya ta shiga layinmu. Shaguna da yawa sun yi asara, mu ta ɗauki kwamfuta da faifan ajiyar da ke jone da ita. Duk tsofaffin da na tara shekara da shekaru suka tafi. Na yi kuka, ba zan ɓoye ba. Maigidana ko uffan bai ce ba game da gwangwanayen kakarsa, kuma na gode masa da hakan. Na share hawaye na sake ɗebo abin da zan iya daga rumbunan da suke raye, amma abin da rumbu yake ba ka shi ne na yau. Na ce a raina ai ta Inna tana cikin akwatinta, in na sami sarari sai in je in kwafo.

Kafin in sami sararin aka yi mini gyaran gangar Auzinawa. Akwatin Inna ya fara nauyi, yana daɗewa kafin ya buɗe, abin da zan gyara kafin shayi ya huce. Amma direban nan kunya ta hana shi kirana. Wai na yi ta zirga-zirga gidansa, na ƙi karɓar komai a kan aikin tsohuwa, ga ni matar abokinsa, ga shi ya ji an yi mana asara. Sai ya ga bai kamata ya ƙara ɗora mini nauyi ba. Ya zare akwatin a ɓoye ya kai wa wani mai gyaran waya a cikin tasha. Su kuma maganinsu ɗaya ne ga kowace cuta, a yi filashin, wato a goge komai a dawo da abu kamar ranar da ya fito daga kwali. Akwatin ya dawo yana gudu kamar me, ba komai a cikinsa.

Bai faɗa mini nan take ba, nan ma kunya. Ya yi ta lallaɓa tsohuwa da gobe, da jibi. Sai da abin ya ci tura matarsa ta kira ni.

Na tarar Inna ta rame. Ta haɗa 'yan kayanta ta ɗaure a zani ta ajiye a gefen gado. Ba ta yi faɗa ba, ba ta ɗaga murya ba. Ta dube ni ta ce:

"Ɗiyata, ba mutuwa nika tsoro ba. Kunya nika tsoro. A yi rashi cikin dangi ban sani ba, a ce ta tai birni ta mance da mutane. Ku maishe ni gida."

Na ce Inna ai kin san yadda garin yake. Ta ce ta sani, waɗanda suke can ma mutane ne. Ta ba ɗanta zuwa bayan Juma'a. In bai kai ta ba, ta san hanyar tasha da ƙafarta, kuma direbobin can duk sun san ta. Wanda ya san Inna ya san ba barazana take yi ba.

A zaure na sami direban, kuma Allah Ya sani ban rage masa komai ba. Na ce masa kunyar da za ta mayar da uwarka bakin daji ba kunya ba ce, wauta ce. Na ce da ka kira ni ka ga ko zan ce na gaji. Ya sunkuyar da kai, babban mutum da gemunsa, yana ta murza makullin mota. Da na ga idonsa ya kawo ruwa sai na yi shiru, don ni faɗana ba ya jure hawaye. Na ce ya ba ni zuwa Juma'ar.

Na fara komawa ɗan rumbun nan, na tarar an rufe shi ɗungurum. Na tambayi 'yan layinmu, babu wanda ya taɓa jin manhajar, su ƙwallo da fim suka sani. Sai na shiga bin gidajen da na san na taɓa ɗora musu ita. Kowane gida sai an shimfiɗa mini tabarma, an kawo ruwa, an tambayi yara, sannan in karɓi rimot in duba. Ko'ina labarin ɗaya ne. Akwatunansu sun jawo sabuwar tuntuni, don su ban rufe musu ƙofa ba, manhajojin fim ba sa aiki in ba a sabunta su. Na yi yawo har takalmina ya tsinke a wani lungu na koma gida da aron silifas.

Ranar Alhamis ina zaune a ɗakin wata mata a Kawo, na duba nata ban samu ba, na jingina da kujera na rasa abin yi. Idona ya sauka a kan kabad ɗinta mai gilashi. Kwanuka ne a jere da kofuna da wani filas ɗin shayi da ko ledarsa ba a cire ba, ga matar da 'ya'ya har sun shiga makaranta. Ina kallon ledar nan sai wani tunani ya faɗo mini. Na miƙe ko sallamar kirki ban yi mata ba.

'Yar yayata na tuna, wadda aka kai Rigachikun. Lokacin bikinta gudummawata akwati ce. Na zauna na zuba mata duk abin da nake da shi a lokacin, na fim da na karatu da na rediyo, ban rage ko ɗaya ba, na mayar da shi kwalinsa. Masu jere suka ga kwali mai kyau suka sa shi a kabad tsakanin kwanuka. Mijinta yana da dish ɗinsa tun yana saurayi, ita kuma kayan jere ba abin taɓawa ba ne. Duk zuwan da na yi gidan ina ganinsa a wurin, kuma duk zuwan sai raina ya ɓaci. Har ƙararta na kai wa uwarta, na ce na ɓata yini guda ina shirya abu an mayar da shi kwanon tangaran. To akwatin da ba a sake kunnawa ba tun ranar da na shirya shi bai sake shiga intanet ba, wanda bai shiga intanet ba kuwa bai sabunta komai ba.

Da safiyar Juma'a na shiga motar Rigachikun daga Kawo. Masara ta yi kai a gefen titi, hadari yana ta haɗuwa yana watsewa. Niyyata in gaisa, in ɗauki akwatin in sa a jaka, in juyo shago in yi aikina a natse. Na sami surukar 'yar tawa a tsakar gida tana tsintar wake, muka gaisa, na shiga ɗakin amarya. Har yau amarya muke ce mata ko da yake tana da goyo. Na faɗa mata abin da ya kawo ni, na miƙa hannu zan buɗe kabad. Sai ta riƙe mini hannu, ta leƙa ƙofa, ta rage murya.

"Anti, don girman Allah kar ki fita da shi. Kowa ya san ke kika kawo. In aka gan ki da shi za a ce aro ne aka yi aka cika mini ɗaki, yanzu an zo karɓa."

Na buɗe baki zan ce wa zai lura da ɗan kwali guda, sai na rufe. Na san amsar. Matan gidan nan da na maƙwabta sun san jeren nan kwano-kwano, ranar da aka yi shi sun shigo sun ƙirga da ido. Gurbi ɗaya ya buɗe sai an tambaya. Kuma maganar aro in ta fita ba a kan akwati za ta tsaya ba, sai ta bi gado da kujeru, ta koma kan yayata. Ban zo in gyara gidan wani in ɓata na 'yata ba. Na ce to, a nan zan yi aikin.

Wuta babu, kamar kullum. Mijinta ya tafi kasuwa, amma ɗan janaretansa yana bayan ɗaki. Amarya ta ce sai dai a jira shi, ita ba ta taɓa tayarwa ba. Na ce wa zai jira? Na cire hijabi na rataye, na gyara ɗaurin zani, na taka shi da ƙafa na fizgi igiya. Ya yi tari ya mutu. Na sake fizga. Surukar ta ajiye farantin wake tana dariya, ta ce ita dai yau ta ga abin da ya fi ƙarfin ido. A fizga ta gaba ya kama, na dube ta na ce Hajiya a ci gaba da tsintar wake.

Na zaro akwatin daga kwali, yana ƙamshin sabon abu. Na zare batiran rimot ɗin talabijin na sa a nasa. Na jona shi da talabijin, hannuna yana kan soket zan kunna, sai wani abu ya tsaya mini a rai. Da intanet ɗin wayata na shirya akwatin nan. Ya san ta. Yana tashi zai neme ta, ya shiga intanet ta cikinta, kafin in kai ga rimot ya jawo duk wani sabon abu da zai samu ya zuba a kan tsofaffin. Na zaro wayar daga jaka na kashe ta gaba ɗaya, na ce amarya ma ta kashe tata, ko da yake na san bai san tata ba. Sannan na yi bisimilla na kunna.

Ya ɗauki lokaci yana tunani. Da ya buɗe sai ga shirina na wancan lokacin, yadda na jera komai da hannuna, har da hoton furannin da na sa mata a bango. Na bi a hankali har wurin rediyo. Tana nan. Na duba lambarta, tsohuwar ce. Na ce alhamdu lillahi da ƙarfi har goyon amarya ya farka.

Ban yi garaje ba. Manhaja irin wannan ba ta tafiya ita kaɗai, tana da 'yan rakiya, wasu ƙanana da ba ta tashi sai da su, kuma su ma sai na zamaninta. Na bi su duka na tattaro, na ƙunshe su wuri ɗaya, na zuba a filas ɗina. Da na gama da ita sai na kwashe sauran ma, duk tsofaffin da tsawa ta raba ni da su waɗanda suke ciki. Na zaro filas na biyu da na saya a hanya na sake zubawa. Wannan na biyun na buɗe wani kwano mai murfi a cikin jeren na jefa shi ciki na rufe, don na gane a duk faɗin Kaduna babu inda ya kai kabad ɗin nan tsaro. Na mayar da akwatin ledarsa da kwalinsa, na ajiye shi daidai inda ƙura ta zana gurbinsa. Na ce wa amarya daga yau ko ni na ce ta kunna shi kada ta kunna. Ta ce, "Anti, ba ke kika kai ƙarata ba?" Na ce ta rufe mini baki.

Surukar ta matsa sai ta ji abin da ake yi, na ba ta labarin Inna a tsaye. Ta daina dariya. Ta ce da tsohuwar zuma ake magani, ta shiga ta ɗebo ɗanyar masara ta ce in kai wa Inna. Abin da ban gaya wa kowa ba shi ne ban gwada ba. Ba halin in gwada a can, tunda gwaji sai da intanet. Manhajar tana hannuna, amma ko adireshin da ke cikinta yana raye, ko tashar ta sauya shi a 'yan kwanakin nan, Allah kaɗai Ya sani. Da wannan na yi ta saƙa da warwara a mota har Kawo.

Ana kiran la'asar na shiga gidan su Inna. Direban ya dawo daga masallaci tun ɗazu ya ƙi komawa tasha, yana tsaye a bakin ƙofar ɗakin uwarsa. Matarsa ta ce mini Inna ta riga ta yi sallama da maƙwabta, gobe da sassafe za ta tafi. Na gaida Inna na ajiye masarar, ta amsa ba ta ko dubi jakata ba. Na yi salla a gefenta, na shafa, na jawo akwatin.

Wannan karon ma sai da na fara rufe ƙofar sabuntawa kafin komai. Na zuba 'yan rakiyar, na ɗora manhajar a kansu, sannan na bar akwatin ya shiga intanet. Na nemo sunan tashar na danna. Ɗan da'irar nan ya fara juyawa a tsakiyar talabijin. Ya yi ta juyawa. Ban taɓa tsanar wani abu kamar yadda na tsani da'irar nan a ranar ba. Sai aka ji ƙara, sai muryar wani mutum yana tallan takin zamani da harshen can.

Inna ta ɗago kai. Ta gyara zama ta fuskanci talabijin, ta jawo carbinta. Direban ya jingina da bango ya rufe ido. Ni kuwa in ce ban ji kaina ya yi girma ba na yi ƙarya. Na ji, kuma har yau in na tuna ina ji.

Aka gama talla aka shiga sanarwa. Suna biyu na haihuwa, ɗaurin aure ɗaya, tana bin su da baki kamar yadda ta saba. Sai mai karatun ya yi salati ya ce iyalan gidan wane suna sanar da addu'ar bakwai ta mahaifiyarsu, gobe Asabar. Ya faɗi sunanta da garin. Carbin ya tsaya a hannun Inna.

Ta yi innalillahi a hankali. Ɗanta ya tambaye ta wace ce, don shi bai gane sunan ba. Ta ce taubashiyarta ce, ɗiyar kawunta, tare aka yaye su, tare suka yi tallan fura suna 'yan mata. Ta rasu a cikin kwanakin da akwatin yake shiru, babu wanda ya kira, don babu wanda ya san akwai mai jiran labarin a Kaduna.

Na ga fuskar direban ta sauya, na san abin da yake tunani, don ni ma shi nake tunani. Mun dawo mata da rediyo, rediyon kuma ya ba ta dalilin tafiya wanda ya fi na da ƙarfi. Wa zai hana ta zuwa addu'ar 'yar'uwarta? Na ji duk girman kan nan nawa ya zube.

Ta daɗe tana share ido da gefen mayafi. Sannan ta dubi ɗanta ta ce gobe da asuba ya ba motar farko goro da saƙonta, a ce ta ji, kuma ta ji kafin bakwai. Ta juya wurin matarsa.

"Ɗauko tabarmi ki shimfiɗa tsakar gida. A hwaɗa ma mutanenmu na unguwa an yi mani rashi. Nan nika amsar gaisuwa."

Matar ta fita da sauri. Direban ya juya fuskarsa ga bango. Ni ce mafi kusa da ita, rimot yana hannuna ban ma ajiye ba. Na sauko daga kujera na durƙusa a gabanta na ce, "Inna, ya haƙuri? Allah Ya jiƙanta, Ya sa ta huta."

Ta ce, "Amin, ɗiyata. Haƙuri da godiya." Ta ɗora hannunta a kaina, ta nuna talabijin da haɓa. "Ƙara mani murya, ba su ƙare ba."